Tarihin Fina-finan Zaman Aure a Japan

Fina-finan da ke duba rayuwar cikin gida a Japan sun samo tushe ne daga kamfanin Shochiku, wanda ya buɗe masana'antarsa a Kamata, cikin birnin Tokyo, a shekarar 1920. Shugabanta, Shiro Kido, ya karkata akalar aikin zuwa labaran talakawa da ƙananan ma'aikata. A 1936 aka mayar da masana'antar Ofuna.

Bayan Yaƙin Duniya na Biyu al'amarin aure ya sauya. A 1947 aka soke dokar da ke hukunta matar aure kan cin amana alhali tana ƙyale miji, sai masu shirya fim suka ƙara samun damar taɓo batun. A fim ɗin Soshun na 1956, Yasujiro Ozu ya nuna wani ma'aikacin ofis da ya faɗa soyayyar ɓoye bayan rasuwar ɗansa, janbaki ya tona masa asiri wajen matarsa. Ozu kan ajiye kyamara ƙasa-ƙasa, daidai idon mai zaune a tabarma, kuma ba ya yanke wa kowa hukunci. Nan ƙarfin salon yake.

Wannan gadon ne Ryusuke Hamaguchi ya ɗauka a Drive My Car na 2021, wanda ya gina kan gajeren labarin Haruki Murakami. Wani ɗan wasan daɓe ya kama matarsa da wani, ya haɗiye maganar, ta rasu ba su tattauna ba. Sai a Hiroshima, cikin jar motarsa ƙirar Saab, ya iya amayar da abin da ke cinsa ga budurwar da ke tuƙa shi. Fim ɗin ya ci kyautar Oscar a 2022.