Ghost da tsofaffin kwamfutocin Jigawa

A zamanin Gwamna Saminu Turaki, tsakanin 1999 da 2007, Jigawa ta rungumi harkar kwamfuta da wuri, har aka kafa cibiyar Informatics a Kazaure. Sai dai sayen na'ura daban, ɗora mata manhaja daban. A wancan lokaci girka Windows XP da Office a kan kwamfuta guda kan cinye sa'o'i, balle ɗaki mai kwamfuta talatin ga wutar da ba ta da tabbas.

Maganin da masu gyara suka dogara da shi ya fito ne daga birnin Okland na Niyu Zilan, inda kamfanin Binary Research ya ƙirƙiro Ghost a tsakiyar shekarun 1990, kafin Symantec ta saye shi a 1998. Sai a shirya kwamfuta ɗaya tsaf, a tashe ta da DOS daga filofi, Ghost ya kwashe faifan ajiyarta sukutum ya dunƙule shi a fayil ɗaya, sannan a juye wa sauran. Saurin aiki kawai ake nema. Ba wanda ke tunanin adana tarihi.

Symantec ta daina sayar da Norton Ghost a 2013, amma yanzu ne dabarar ta fi yi mana rana. Kafin Unicode ya bazu, ana buga Hausa da salon haruffa na musamman irin su Rabi'at, wanda Farfesa Abdalla Uba Adamu ya tsara. Wannan salo aron gurbin wasu alamomi ya yi wa haruffa masu lanƙwasa. Idan aka kwafe takardar kaɗai zuwa sabuwar kwamfuta, sai "ƙasa" ta koma "}asa", "ɗaya" ta koma "]aya". Kwafin faifai gaba ɗaya kuwa yana tafiya da salon haruffan, da tsohuwar manhajar da ta san yadda ake buɗe fayil ɗin.

Saboda haka duk wata tsohuwar kwamfuta da ke shan ƙura a ofishin makaranta, a Dutse take ko a Aujara ta ƙaramar hukumar Jahun, a ganina kwafe ta ya kamata a fara yi kafin gyara. Faifan da ya haura shekara ashirin na iya sarewa ana cikin karanta shi. Idan lafiyarsa ƙalau, Ghost ko Clonezilla ya wadatar. Wanda ya fara ƙara kuwa sai ddrescue, domin shi yakan fara kwashe sassan da ke da lafiya, ya dawo kan masu matsala daga baya.