Daga Tama Zuwa Garma: Yadda Ake Fitar da Ƙarfe da Kuza Daga Duwatsun Ƙasar Bauchi

Duk wanda ya ratsa rumfunan masu kayan ƙira a kasuwar Wunti ko ta Muda Lawal da ke birnin Bauchi zai ga garmuna da laujuna da gatura a jere. Mafi yawansu a yau daga tsofaffin ƙarafan mota ake ƙera su. Kafin zuwan mota kuwa, daga dutse maƙeri yake samo ƙarfensa, kuma ƙasar Bauchi tana cikin wuraren da aka daɗe da sanin wannan ilimi a Nijeriya.

Abin da ke cikin dutsen

Ƙarafa kaɗan ne ake tsinta tsantsarsu a cikin ƙasa, kuma zinari ne fitacce a cikinsu. Sauran duk a ɗaure suke da wasu sinadarai, galibi iskar oksijin ko farar wuta. Tama, wato dutsen baƙin ƙarfe, haɗin ƙarfe ce da oksijin. Baƙin yashin kuza shi ma kuza ce haɗe da oksijin. Tozalin da ake sa wa ido kuwa dalma ce haɗe da farar wuta.

Aikin mai narkarwa shi ne ya warware wannan ɗauri. Ko a murhun laka ne ko a babbar masana'anta, matakan uku ne: a ware ma'adinin daga ƙasa da tsakuwa, a narka shi tare da abin da zai janye oksijin ɗin, sannan a tace ƙarfen daga ragowar datti. Ma'adinin da ke ɗauke da farar wuta akan fara gasa shi a cikin iska, domin farar wutar ta fita a matsayin hayaƙi.

Murhunan Yankari da maƙeran tama

A gandun namun daji na Yankari, cikin ƙaramar hukumar Alkaleri, akwai kufan wuraren narka tama. Mafi shahara shi ne na Shau Shau, inda aka ƙidaya murhuna kimanin 60 a tsaye. Sana'ar ta girme su nesa ba kusa ba, domin murhunan da aka tono a Taruga, kusa da Abuja, sun haura shekara 2,000.

Maƙeran tama sukan gina murhu mai tsayi da laka, su bar kafofi a gindinsa, su zura bututun laka da iska za ta bi. Sai a farfasa tama, a jera ta hawa-hawa da gawayi, wanda aka fi so ya zama na itace mai ƙarfi irin ƙirya. Idan wuta ta kama, ko dai a yi ta zuga da zuga-zugi, ko a bar tsayin murhun ya riƙa jan iska da kansa.

Gawayi aiki biyu yake yi. Yana ba da zafi, sannan idan ya ƙone a inda iska ba ta wadata ba yana fitar da wata iska mai ƙishirwar oksijin, wadda ke fizge oksijin ɗin tama ta bar ƙarfe. Zafin irin wannan murhu yakan kai wajen digiri 1,200 a ma'aunin Salshiyas, alhali baƙin ƙarfe sai ya kai 1,538 yake narkewa. Saboda haka dattin ne ke zama ruwa ya gangara ƙasa, shi ne ake kira kashin ƙarfe. Shi kuwa ƙarfen yakan taru ya zama curi mai huje-huje kamar soso. Maƙerin baƙi zai sake gasa curin, ya ɗora shi kan uwar maƙera, ya yi ta dukansa da masaba har ragowar kashin ya fice. Daga nan ne garma ke fitowa.

Sana'ar ta ci itace ƙwarai, ta kuma ci ƙarfin mutane. Da ƙarfen Turai mai arha da tarkacen jirgin ƙasa da na mota suka shigo a ƙarni na 20, sai murhunan suka mutu ɗaya bayan ɗaya.

Kuza da mutanen Liruwe

Kuza ce ta kai sunan Bauchi kasuwannin duniya. Ruwan sama na dubban shekaru ya zaizaye duwatsun tsaunukan Jos da na Toro, ya tara baƙin yashinta a gindin rafuka. Wannan yashi ya ninka yashin rafi nauyi fiye da sau biyu, don haka ware shi ba ya buƙatar sinadari. Mai wanki zai ɗebi ƙasa a ƙwarya ko kwano, ya riƙa jujjuya ta cikin ruwa, mara nauyi ya tafi, kuza ta kwanta a ƙasa. Yashin da aka wanke sarai yakan ƙunshi kuza kashi 70 cikin 100 ko fiye.

Tun kafin zuwan Turawa, Hausawa suna narka kuza a Liruwen Kano, wato Riruwai ta yanzu a ƙaramar hukumar Doguwa, da kuma Liruwen Dalma a ƙasar Bauchi. Hanyar ta yi kama da ta tama, wato gawayi da zuga, sai dai ita kuza da digiri 232 kacal take narkewa. Da zarar zafin murhu ya raba ta da oksijin, sai ta kwararo kamar ruwa. Akan zuba ta a cikin siraran kafofi da aka fitar da tsinken ciyawa, ta daskare ta zama kamar tsinkaye, a ɗaure ta dami-dami. Fatake su kai ta Kano da sauran kasuwanni, inda maƙeran fari ke amfani da ita wajen kayan ado da shafe kwanonin tagulla.

Waɗannan tsinkaye ne suka tona asirin arzikin. A shekarun 1880 ma'aikatan kamfanin ciniki na Ingila da ke bakin kogin Binuwai suka gan su a hannun fatake, suka shiga binciken inda suke fitowa. Bayan sojojin Ingila sun ci Bauchi a 1902, Kamfanin Neja ya turo masu binciken ma'adinai, cikinsu har da H. W. Laws, wanda ya yi sansani a Tilden Fulani sannan ya kafa aiki a Naraguta. A lokacin tsaunukan Jos suna ƙarƙashin Lardin Bauchi, sai a 1926 aka yanke Lardin Filato. Shi ya sa siririn layin dogon da aka shimfiɗa daga Zariya zuwa filayen kuza, wanda ya isa Bukuru a 1914, aka sa masa sunan Bauchi.

Kamfanonin suka mallaki filayen da lasisi, mutanen Liruwe suka rasa inda za su ɗebi yashi, sana'arsu ta durƙushe. Daga nan aka koma cika buhuna da ɗanyen ma'adini ana kai shi Ingila a narka. A lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, bayan Japan ta kame Malaya a 1942, an tilasta wa dubban talakawan Arewa aikin haƙar kuza, kuma a 1943 abin da aka fitar ya haura tan 17,000. Sai a farkon shekarun 1960 aka buɗe masana'antar narka kuza ta Makeri a Jos. Faɗuwar farashin kuza a kasuwar duniya a 1985 ta ƙarasa karya manyan kamfanonin, aikin ya koma hannun ƙananan mahaƙa, waɗanda har yanzu ake gani a yankin Toro.

Hanyoyin zamani

Masana'antar zamani ba ta sauya tushen aikin ba, girma da zafi ta ƙara masa. A dogon murhun narka tama, ana zuba tama da gasasshen kwal da dutsen farar ƙasa ta sama, ana hura iska mai zafi ta ƙasa. Farar ƙasar tana haɗe datti, ƙarfen kuma ya narke gaba ɗaya. Daga baya a hura masa oksijin don rage sinadarin kabon, ya zama ƙarfe mai ƙwari da ake yin rodi da shi. Irin wannan murhu aka gina a Ajaokuta, aikin da aka soma a 1979 da taimakon Tarayyar Sobiyet domin sarrafa tamar Itakpe. Masana'antar Aladja ta jihar Delta, wadda aka buɗe a 1982, da iskar gas aka tsara ta janye oksijin ɗin.

Sanholo ya fi ƙarfin gawayi, domin riƙon da ya yi wa oksijin mai tsanani ne. Sai a 1886 aka gano yadda za a raba su da wutar lantarki, kuma har yau inda lantarki ke da yawa da arha ake kafa masana'antarsa. A wajen kuza kuwa, ana amfani da maganaɗisu a ware kwalambayit, ma'adinin da ke zuwa tare da ita, wanda ya yi tsada sosai a shekarun 1950.

Haɗari da riba

Sarrafa ma'adini ba tare da sani ba yana kisa. A 2010 aka gano gubar dalma a ƙauyukan Zamfara, inda ake niƙa dutsen zinari a cikin gidaje, kuma yara fiye da 400 suka rasu. Zaiba, wato makuri, da ƙananan mahaƙa ke kama zinari da ita, tururinta yana lalata ƙwaƙwalwa da ƙoda. A tsaunukan Jos kuma, kududdufan da haƙar kuza ta bari sun cinye gonaki, suna kuma cin rayuka.

Dokar Ma'adinai ta 2007 ta ɗora mallakar duk ma'adinan ƙasar a hannun Gwamnatin Tarayya, ta kuma wajabta wa masu lasisi gyara filin da suka haƙa. A 'yan shekarun nan Ma'aikatar Bunƙasa Ma'adinai ta ce sai kamfani ya nuna shirin sarrafa ma'adini a cikin gida kafin a ba shi lasisin haƙa. Dalilin a fili yake ga wanda ya san tarihin kuza. Mai wankin yashi a rafukan Toro ladan ƙarfinsa kawai yake samu, babbar riba da ƙwarewa da ayyukan yi suna wurin mai murhu. Mutanen Liruwe da na Shau Shau sun taɓa riƙe matakan uku duka a hannunsu, kuma abin da ake nema yanzu shi ne a dawo da biyun da suka kuɓuce.