Ma'aunin Hujja da Shaidar Ƙwararru a Shari'ar Inshorar Gobara

Inshorar gobara, wato yarjejeniyar da mai dukiya ke biyan kamfani wani kuɗi a kai a kai domin a biya shi diyya idan wuta ta cinye kayansa, ta kafu ne a Ingila bayan babbar gobarar Landan ta 1666, kuma tun farkonta ta zo da matsalar da ba ta rabu da ita ba, domin wanda bashi ya yi wa katutu yana iya cinna wa kayansa wuta da gangan ya je ya nemi diyya. Kasancewar wuta takan cinye shaidar asalinta, kotuna sun daɗe suna fama da tambayoyi biyu, wato ƙarfin hujjar da ake bukata daga kamfanin da ya yi zargi, da kuma matsayin ƙwararren da zai fassara abin da toka ta bari.

A shari'ar Thurtell da Beaumont ta 1823, kotu ta amince cewa kamfanin da ya ƙi biyan diyya bisa zargin cinna wuta sai ya kawo hujjar da za ta isa a hukunta mutum a shari'ar laifi, wato wadda ba ta bar wani kokwanto mai ma'ana ba. Wannan matsayi ya yi ta raunana har zuwa 1957, lokacin da rahoton shari'ar Hornal da Neuberger ya nuna Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tabbatar da cewa zargin zamba a ƙarar neman haƙƙi ana auna shi ne da rinjayen hujja, ma'ana ya isa a nuna cewa aukuwar abin ta fi rashin aukuwarsa yiwuwa, ko da yake nauyin kawo hujja ya ci gaba da zama a wuyan wanda ya yi zargin.

Yayin da aka sassauta wa kamfani ta wannan fuska, sai aka tsananta wa ƙwararrun da yake kawowa. Jirgin ruwan Ikarian Reefer ya kafe kuma ya kama wuta a gaɓar tekun Saliyo a 1985, kuma a hukuncinsa na 1993 kan ƙarar neman diyyar inshorar jirgin, Mai Shari'a Cresswell ya zayyana cewa wajibi ne ƙwararre ya taimaki kotu ba tare da karkata ga wanda ya ɗauke shi aiki ba, ya bayyana abin da ya gina ra'ayinsa a kai, ya kuma faɗi inda saninsa ya tsaya. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta soke hukuncin, inda ta gamsu cewa da gangan aka cinna wutar, amma ƙa'idojin sun tsira, har suka yi tasiri a dokokin tafiyar da ƙara da suka fara aiki a 1999.

A Amurka kuwa, kundin jagorar binciken gobara mai suna NFPA 921 na 1992 ya rusa tsofaffin alamomin da masu bincike suka gada, kamar tsattsagewar gilashi da tabon ƙuna a ƙasa, bayan da aka gano cewa gobarar haɗari ma tana haifar da su, musamman idan zafi ya taru har ɗaki ya kama gaba ɗaya. A 1998, a shari'ar Michigan Millers da Benfield, kotun tarayya ta goyi bayan watsi da shaidar mai binciken kamfanin inshora saboda bai yi gwaji ba, bai kuma iya bayyana hanyar da ya bi ba, lamarin da ya nuna cewa rinjayen hujja, duk da sauƙinsa, ba ya samuwa da daɗewa a kan aiki kaɗai.