Asalin Bugun Ƙasa a Zongon Kumasi

Dattawan Zongon Kumasi, idan aka tambaye su mafarin bugun ƙasa, sai su kai ka can baya ga Annabi Idrisu, wanda aka ce shi ya fara rubutu da alƙalami, shi kuma ya fara ɗinka tufa da allura.

Suka ce wata rana yana zaune shi kaɗai a bakin rairayi, yana ɗiga yatsa a ƙasa kamar yadda mai tunani kan yi, sai ga wani baƙo mai kwarjini ya yi masa sallama. Baƙon ya tambaye shi me yake yi. Idrisu ya ce wasa ne kawai. Baƙo ya ce a'a, waɗannan ɗigo-ɗigo magana suke yi, sai dai babu mai jin harshensu. Ya zauna ya nuna masa yadda ake jera layi huɗu, a riƙa share ɗigo bibbiyu har ya rage ɗaya ko biyu, a haɗa ragowar su zama siffa guda. Da karatu ya nuna, baƙo ya ce masa to, buga ka gaya mini inda Mala'ika Jibrilu yake yanzu. Idrisu ya buga, ya ga ba ya sama. Ya sake bugawa, ƙasa ta ce ga shi nan zaune a gabanka. Ya ɗaga kai, baƙo ya ɓace.

Waɗansu sun ce Annabi Daniyalu ne aka yi wa wannan baiwa. Na fi karkata ga Idrisu, don bugun ƙasa rubutu ne, kuma shi aka sani da alƙalami. Akwai hadisi a Sahihu Muslim da ya ambaci wani annabi da ke zane a ƙasa, amma bai faɗi sunansa ba, malamai kuma sun ce ba izini ba ne ga na baya, tun da babu wanda zai tabbatar zanensa ya dace da na annabin.

Masu sana'ar suna jawo silsilarta daga Idrisu zuwa wani mutumin Hindu, Ɗumɗum, daga shi zuwa Halaf Albarbari, har ta iso hannun Shehu Muhammadu Azzanati na ƙasar Magrib, wanda littafinsa ya zama uwa ga masu ilimin ramli, wato bugun ƙasa. A ƙarni na 12 Turawa suka fassara ilimin a Andalus. Ibn Haldun ya yi bayaninsa a Muƙaddima a 1377, ya kuma ce ba shi da tushe. Sukar ba ta hana shi ƙetare Sahara ba.

Siffofin goma sha shida ne. Huɗun farko su ne uwaye, daga cikinsu ake fitar da 'ya'ya, sannan jikoki, sannan shaidu biyu, sannan alƙali mai yanke hukunci. A nan yammacin Afirka aka raɗa musu sunaye masu daɗin ji: Yusufa, Adamu, Mahadi, Idrisu, Ibrahim, Isa, Umaru, Ayuba, har zuwa Musa. Kowace siffa tana sauka a wani gida, na rai ko na dukiya, na ciwo ko na aure. Mai bugu yana cewa da wannan yake leƙa jiya da gobe. Bai taɓa cewa yana mayar da rana baya ba. Iyakacinsa ya zaɓa maka sa'ar tafiya ko ta ɗaurin aure, in kuma ya ga duhu a gaba ya ce ka fitar da sadakar farin goro ko ƙosai, ko Allah ya kawar.

Yadda bugun ƙasa ya shigo Kumasi ma akwai saɓani. Jikokin Hausawa suna cewa fataken goro ne suka zo da shi ta hanyar Salaga. Amma tun kafin a kafa Zongo akwai malaman Wangarawa da na Gwanja da Dagomba a birnin. Wani Bature, Bowdich, ya same su a 1817, wani Baturen kuma, Dupuis, a 1820, zamanin Sarkin Asante Osei Bonsu, babban malaman shi ne Muhammadu Algamba da ake kira Baba. Suna yi wa sarki addu'a, suna rubuta layun da ake ɗinkawa a rigar yaƙi. Tarin takardun asiri na Larabci da mayaƙan Asante suka bari a fagen yaƙin Katamanso a 1826 yana ajiye a Kofanhegin har yau. A ganina waɗannan malamai ne suka fara kai ƙasa fada. Hausawa kuwa su suka baza ta cikin gari, bayan yaƙin basasar Salaga na 1892 da shigar Ingilishi Kumasi a 1896, lokacin da Zongo ya cika ya batse. Bafatake mai kai goro Kano, wata da watanni a hanya, wa zai ga laifinsa in ya so sanin ranar da zai ɗaura kaya?

Su kansu Hausawan ba bakinsu ɗaya ba. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya sa zanen rairayi cikin hanyoyin da'awar sanin gaibu da ya yi tir da su a Nurul Albab, kuma malaman Sunna na unguwannin Aboabo da Asawase a Kumasi a kan wannan suke har gobe.

Yau takarda da biro sun maye gurbin faifan rairayi. Abin takaici, waɗanda suka fi tashe su ne masu talla a talabijin da Facebook, da alkawarin ninka kuɗi. Mutanen dā ko an saɓa musu a hukunci, sun yi shekaru gaban malami kafin su taɓa ƙasa. Waɗannan kuwa 'yan damfara ne.