Ivan Tors, Furodusan Da Ya Mai Da Zaki Tauraron Talabijin

A tsakiyar shekarun 1960 wani zaki mai harara-garke ya yi suna a Amurka har ya fi wasu 'yan wasan Hollywood farin jini. Sunansa Clarence, kuma wanda ya fito da shi shi ne Ivan Tors, ɗan ƙasar Hangare da aka haifa a Budapest a 1916.

Tors ya isa Amurka a 1939. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu ya yi wa kamfanin MGM rubutun fim, daga baya ya koma shirya nasa. Ya shirya finafinan ƙirƙirar kimiyya irin su The Magnetic Monster na 1953, amma a cikin ruwa ya sami hanyar cin abinci. Manyan tashoshin talabijin sun ƙi karɓar shirinsa Sea Hunt, labarin wani mai nutso da Lloyd Bridges ya fito a matsayinsa, don suna ganin ba wanda zai zauna kallon mutum a ƙarƙashin teku kowane mako. Aka bi ƙananan tashoshi ɗaya bayan ɗaya aka sayar musu, shirin ya yi kashi 155 daga 1958 zuwa 1961. Ƙwarewar da ma'aikatansa suka samu ce ta sa aka ba su ɗaukar faɗan ƙarƙashin ruwa na fim ɗin James Bond, Thunderball, a 1965.

Bayan Sea Hunt, Tors ya juya ga dabbobi. Flipper, labarin dabbar ruwan nan dolfin, ya fito a sinima a 1963 kafin ya zama shiri mai dogon zango. Daktari kuma, wanda CBS ta nuna daga 1966 zuwa 1969, labarin likitan dabbobi ne a Gabashin Afirka, tare da Clarence da wata biranya mai suna Judy da ke yawan jawo rikici.

Sai dai dajin da masu kallo suka ɗauka Afirka ce, mafi yawansa wani fili ne a arewacin Los Angeles mai suna Africa USA. Can abokin aikin Tors, Ralph Helfer, yake horar da namun daji ba da bulala ko tsoratarwa ba, sai da lallashi da sabo tun suna ƙanana. Shi ya sa ɗan wasa zai iya zama kusa da zaki yana shafa gashin wuyansa kyamara na ɗauka. Ambaliyar ruwa ta yi wa filin mummunar ɓarna a 1969, shekarar da Daktari ya ƙare.

Tors bai daina bin daji ba. Ciwon zuciya ya yi ajalinsa a watan Yunin 1983 a jihar Mato Grosso ta Brazil, inda ya je duba wuraren ɗaukar wani sabon shirin dabbobi.