Daga tauraron 2go zuwa Discord

1/ Jiya Yayana ya kira ni daga Tsafe: "Malam, ba kai ka ce kana karatun jarrabawa ba?" Ashe Discord ne ya tona min asiri, ya rubuta a ƙasan sunana cewa ina buga ƙwallo a kwamfuta. Kuma shi ke biyan kuɗin makarantata fa.

2/ Wannan tonon silili ba yau ya fara ba. Zamanin 2go, wajen 2011, daɗewarka a kai ke ƙara maka tauraro, daga Novice har Master. Yayyenmu taƙama suke da shi, har a kwana da waya a kunne.

3/ WhatsApp ya fito a 2009. A Nuwamban 2014 ya kawo shuɗin maki, rigimar "ka gani ka ƙi amsawa" ta barke. Discord, na 2015, ya zarce: sunan wasan yake faɗa, har da mintunan da ka shafe.

4/ Mu 'yan Zamfara mun ga ɗaya fuskar. A Satumban 2021 aka katse layukan waya saboda 'yan bindiga. 'Yan'uwa a Kano da Zariya sai duba last seen ɗinmu suke, ya tsaya cak, ba su san halin da muke ciki ba. Gusau ta samu layi farkon Oktoba, Bungudu da Tsafe suka ci gaba da jira.

5/ Daren jiya na shiga Activity Privacy na kashe nuna wasa. Last seen kam na bar wa Yaya a buɗe.