Tarihin Jinyar Kare Kafin Tiyata da Bayanta

Likitancin dabbobi na zamani ya daɗe da kafuwa kafin ya waiwayi kare. Makarantar da Claude Bourgelat ya kafa a birnin Lyon na Faransa a 1761, da wadda aka kafa a Landan a 1791, dawaki suka fi sa a gaba, sai shanu, domin doki shi ne abin hawan yaƙi da sufuri, shanu kuwa annobar bushiya tana ta yi musu kisan kiyashi. Haka ma a Nijeriya, cibiyar bincike ta Vom da aka kafa a 1924 saboda bushiyar aka gina ta. Kare ya kasance a hannun masu kula da karnukan farautar attajirai, har sai da Delabere Blaine, wani Baturen Ingila, ya wallafa littafi a kan cututtukan karnuka a 1817. A zamaninsa shirin tiyata bai wuce takunkumi da igiya da ƙarti masu danne dabba ba, gwanintar likita kuma ita ce saurin hannu.

Abin da ya fara sauya lamarin shi ne banju, wato maganin da ke gusar da hankali da jin zafi na ɗan lokaci. William Morton ya gwada sinadarin ether a kan karensa kafin ya nuna amfaninsa ga mutane a Boston a 1846, shekara guda bayan haka kuma kulorofom ya bayyana a Edinburgh. Duk da cewa kare ne zakaran gwajin dafi, an daɗe ana yi masa rowar maganin, domin kulorofom yana iya tsayar da zuciya idan aka zarce kima, likitoci da yawa kuma sun gwammace ihun kare da gawarsa. Frederick Hobday, wanda ya wallafa littafin tiyatar karnuka da kyanwoyi a 1900, yana cikin waɗanda suka nuna cewa ana iya shaƙa wa kare maganin bisa awo. Daga shekarun 1930, lokacin da mota ta kori doki daga tituna har likitocin birane suka koma kan karnuka, allurar barci ta jijiya ta yaɗu.

Banju ne ya haifar da al'adar hana kare abinci kafin aiki. Idan hankali ya gushe, maƙogwaro ba ya iya tare amai, sai abin da ke ciki ya zarce huhu ya haddasa ciwo mai kisa. An daɗe ana sa kare ya kwana da yunwa, amma a yau likitoci da dama sun rage wa lafiyayyen babban kare zuwa awa 4 ko 6, ɗan kwikwiyo kuma ƙasa da haka, saboda sukarin jininsa yana saurin faɗuwa. Daga baya aka ƙara gwajin jini don duba hanta da ƙoda, tun da su ne ke fitar da maganin daga jiki.

Bayan aiki kuwa, babban abin tsoro shi ne ruɓewar rauni. Koyarwar Joseph Lister ta 1867 a kan kashe ƙwayoyin cuta ita ce asalin aske gashin wurin da wanke fatar kafin a sa wuƙa. Sai dai kare yana da matsalar da mutum ba shi da ita, domin da ya farfaɗo sai ya juya ya hau lasar ɗinkin, ya kama zaren da haƙoran gaba ya fizge. Maganin wannan shi ne kwalar roba mai siffar mazurari da ake sa masa a wuya, wadda Frank Johnson ya yi wa rajista a Amurka a 1962, kuma akan bar ta kwana 10 zuwa 14, har a cire zare.

Kula da zafi shi ne ya fi makara, kuma a nan sana'ar ba ta da hanzari mai ƙarfi. Har zuwa ƙarshen ƙarni na 20 ana samun likitocin da ke ganin raɗaɗi yana da amfani, wai yana hana kare motsi har rauni ya kame, alhali kuwa kare mai jin zafi yakan ƙi abinci, ya rasa barci, warkewarsa ta yi jinkiri. Maganin carprofen ya samu izinin amfani ga karnuka a Amurka a tsakiyar shekarun 1990, sannan masana a Jami'ar Glasgow suka tsara ma'aunin zafi da ke dogara da abin da ido ke gani da kunne ke ji, kamar kukan kare, da yadda yake tafiya, da abin da yake yi idan aka taɓa gefen ɗinkin. Da wannan ma'auni ne ma'aikacin jinya ke yanke hukuncin ƙara magani, maimakon mai kare ya ɗauko ibuprofen daga akwatin gida, wanda ke iya ɓula cikin kare ya kuma lalata masa ƙoda.